Sautin kewaye na kwaikwayo: yadda lasifika biyu ke aikin takwas

Idan ka ga an rubuta 7.1 a jikin kwalin hedifon, kada ka ɗauka lasifika takwas aka cusa a ciki. Galibi biyu ne rak, ɗaya a kowane kunne. Saura duk aikin manhaja ne.

Asalin 7.1 tsarin ɗaki ne: lasifika bakwai a gaba da gefe da baya, sai ta takwas mai fitar da ƙugi. Sautin kewaye na kwaikwayo kuwa dabara ce ta shawo kan ƙwaƙwalwa ta yarda lasifikokin nan suna nan, alhali babu su.

Ai kunne biyu Allah ya ba mu, amma ko ido a rufe mun san ta inda aka kira mu. Wani ya tafa daga damanka, ƙarar za ta fara isa kunnen dama, ta iske na hagu a makare da abin da bai kai kashi ɗaya cikin 1,000 na daƙiƙa ba, kuma ta ɗan dushe don kai ya tare ta. Lanƙwashe-lanƙwashen kunne su ma suna sauya amon, gwargwadon daga sama ya fito ko daga baya. Masana sun auna wannan da ƙananan makirufo a kunnuwan mutane da na mutum-mutumi, ma'aunin shi ake kira HRTF. Manhajar sai ta bi kowane sauti ta ɗora masa jinkiri da dushewar da suka dace.

Cikin irin waɗannan manhajoji, Windows Sonic kyauta yake zuwa cikin Windows tun 2017. Dolby Atmos na hedifon da DTS Headphone:X yawanci sai an biya.

Inda gizo ke saƙa shi ne kunnen kowa daban yake. Ma'aunin da aka ɗauka a kunnen wani ba lallai ya zauna da naka ba, shi ya sa wani zai rantse ya ji takun abokin gaba a bayansa cikin wasan kwamfuta, wani ya ce kamar an jefa sautin cikin rijiya. Duk gaskiya suka faɗa. Saboda haka ne Apple, tun 2022, ke barin mutum ya auna kunnensa da kyamarar iPhone.

A lasifikar kan tebur abin ya fi wuya, don kowane kunne yana jin duka biyun. Ka ɗan gusa gefe, asiri ya tonu. Waƙa kuma, wadda yawanci don lasifika biyu aka haɗa ta, ni dai kashe sautin kewayen nake yi kafin in saurara.