Dutsen Rushmore: abin da ya sa Lakota suka ƙi karɓar diyya

Dutsen Rushmore, inda aka sassaƙa fuskokin shugabannin Amurka huɗu daga 1927 zuwa 1941, yana cikin tsaunukan Black Hills a jihar Dakota ta Kudu. Yarjejeniyar Fort Laramie ta 1868 ta tabbatar wa ƙabilar Lakota, ɗaya daga cikin ƙabilun 'yan asalin Amurka, da wannan yanki, kuma sashe na 12 ya gindaya sharaɗi ƙarara: ba za a yanki ko taku ɗaya ba sai kashi uku cikin huɗu na mazansu baligai sun sa hannu.

A 1874 ayarin sojan Amurka ƙarƙashin hafsa George Custer ya gano zinariya a tsaunukan, masu haƙa suka kwararo. A 1876 Majalisar Dokokin Amurka ta ce za a tsayar da rabon abincin da gwamnati ke ba Lakota sai sun saki ƙasar, a lokacin da ake ta karkashe baunar da suke rayuwa da ita. Duk da yunwar, kusan kashi goma cikin ɗari kaɗai suka sa hannu. Majalisa ta kau da kai, ta ƙwace ƙasar da dokar 1877.

Sai a 1980 Kotun Ƙoli, da rinjayen alƙalai 8 cikin 9, ta yanke cewa wannan ƙwace ne, kuma gyara na biyar na tsarin mulki ya wajabta biyan diyya. Aka ƙiyasta dala miliyan 17.1, da kuɗin ruwa na kashi 5 cikin ɗari duk shekara tun 1877, jimilla sama da miliyan 100.

A nan gizo ke saƙar. Hukumar da aka kafa a 1946 don sauraron irin waɗannan ƙararraki kuɗi kawai take bayarwa, ba ta da ikon mayar da ƙasa. Kuma a doka, da zarar an karɓi kuɗin, an rufe maganar ke nan, ya zama ciniki. Lakota kuwa sun ce ba su taɓa sayarwa ba, don haka suka ƙi karɓa. Kuɗin na nan ajiye a hannun gwamnati, sun haura dala biliyan ɗaya, alhali Pine Ridge, mazaunin Oglala, wani reshe na Lakota, na cikin yankunan da suka fi talauci a Amurka.

Majalisa ce kaɗai za ta iya mayar da ƙasar. Sanata Bill Bradley ya kai ƙudurin mayar da eka miliyan 1.3 a shekarun 1980, amma bai kai labari ba.