Dandalin Herb Brooks da Cibiyar Olamfik ta Lake Placid

Dandalin Herb Brooks rufaffen filin wasan hokin ƙanƙara ne da ke garin Lake Placid, cikin gundumar Essex a arewacin jihar New York ta ƙasar Amurka. An gina shi ne domin gasar Olamfik ta lokacin hunturu ta shekarar 1980, kuma shi ne mafi girma a cikin filayen ƙanƙarar da ke harabar da ake kira Cibiyar Olamfik, wadda take kan babban titin garin. Yana ɗaukar 'yan kallo kimanin 7,700, alhali mazauna garin gaba ɗaya ba su fi mutum 2,200 da 'yan kai ba, wato ko da kowa da kowa ya fito, yara da tsofaffi, ba za su cika ko da rabin kujerunsa ba. Wannan rashin daidaito tsakanin ƙaramin gari da ƙaton gini shi ne ya tsara kusan duk tarihin wurin, tun daga yadda aka samo kuɗin gina shi har zuwa yadda ake fafutikar riƙe shi a yau.

Wasan da ake yi a cikinsa

Hokin ƙanƙara wasa ne na ƙungiyoyi biyu, kowacce da 'yan wasa shida a fili, biyar masu zirga-zirga da mai tsaron raga ɗaya. 'Yan wasan suna sanye da takalma masu siririn ƙarfe a ƙasa da suke zamiya da su a kan daskararren ruwa, suna kora wani ɗan faifan baƙar roba mai tauri da sanduna masu lanƙwasa a baki, har su jefa shi a ragar abokan hamayya. Ana yin wasan a zango uku, kowane zango minti 20, kuma agogo yana tsayawa duk lokacin da alƙalin wasa ya busa. Saboda saurin faifan da kuma yadda 'yan wasa ke bangazar juna, ana kewaye filin da katanga ta allo mai kai wa ƙugu, a ɗora mata gilashi mai kauri don kare 'yan kallo.

Asalin wasannin hunturu a garin

Lake Placid yana cikin tsaunukan Adirondack, a bakin wani ƙaramin tafki da ake kira Mirror, inda sanyi yake daɗewa kuma dusar ƙanƙara take zuba da yawa. A ƙarshen ƙarni na 19 attajirai daga manyan birane sukan zo hutun bazara ne kawai su koma. Melvil Dewey, mutumin da ya ƙirƙiro tsarin jera littattafai da ɗakunan karatu da dama suke amfani da shi har yanzu, ya kafa wani kulob na masu hutu a nan a 1895, daga baya kuma kulob ɗin ya fara buɗe ƙofofinsa a lokacin hunturu, abin da ya jawo masu sha'awar zamiya a kan ƙanƙara. Ba a jima ba garin ya fara fitar da gwanaye. Charles Jewtraw, ɗan Lake Placid, shi ne ya ci lambar zinare ta farko a tarihin Olamfik na hunturu, a tseren mita 500 da aka yi a Chamonix ta Faransa a 1924.

Godfrey Dewey, ɗan Melvil, shi ya ɗauki nauyin neman a kawo gasar garinsu, kuma a 1929 kwamitin Olamfik na duniya ya amince. Sai dai kafin lokacin gasar ya zo, tattalin arzikin duniya ya durƙushe, har ƙasashe da yawa suka kasa biyan kuɗin jirgin ruwan da zai tsallako da 'yan wasansu. Ƙasashe 17 ne kawai suka halarta a watan Fabrairun 1932, kuma gwamnan jihar na lokacin, Franklin D. Roosevelt, shi ya buɗe gasar.

Ginin 1932

Domin wannan gasa aka gina rufaffen fili na farko a garin, wanda kuma shi ne rufaffen fili na farko da aka taɓa amfani da shi a Olamfik na hunturu. Kafin nan a sarari ake yin komai, kuma in rana ta buɗe ko iska mai ɗumi ta kaɗa, ƙanƙarar takan yi laushi a ɗage wasa. A cikin sabon ginin aka yi gasar zamiyar salo, wadda ake haɗa juyi da tsalle da kiɗa, inda Sonja Henie 'yar Norway ta ci zinare. An kuma buga rabin wasannin hoki a ciki, sauran rabin a waje. Ƙasashe huɗu ne kacal suka shiga hokin, Kanada da Amurka da Jamus da Poland, kowacce ta kara da 'yar'uwarta sau biyu, Kanada ta ɗauki zinare, Amurka azurfa, Jamus tagulla.

Amfanin ginin bayan gasar ya fi na lokacin gasar yawa. Da yake injin sanyaya ne yake daskarar da ruwan, ana iya samun ƙanƙara ko a tsakiyar bazara, abin da ba kasafai ake samu ba a wancan zamani. Gustave Lussi, wani mai horarwa ɗan asalin Switzerland da ya zauna a garin, ya mayar da wurin makarantar bazara ta masu zamiyar salo, kuma daga cikin ɗalibansa akwai Dick Button, wanda ya ci zinare a Olamfik na 1948 da na 1952. Yanzu ginin yana ɗauke da sunan Jack Shea, ɗan garin da ya ci tseren mita 500 da na mita 1,500 a 1932, ya kuma kasance shugaban ƙaramar hukumar yankin lokacin da ake shirin gasar 1980.

Gasar 1980 da sabon dandali

A 1974 aka sake ba Lake Placid karɓar baƙuncin gasar, bayan da abokiyar takararta daga Kanada ta janye, aka bar ta ita kaɗai. Amma Olamfik na 1980 ya riga ya ninka na 1932 girma sau da yawa, kuma tsohon ginin ba zai iya ɗaukar 'yan kallo da 'yan jarida da kayan talabijin na sabon zamani ba. Don haka aka gina sabon dandali a manne da shi, da kuɗin gwamnatin tarayya da na jiha, aka yi filinsa bisa ma'aunin ƙasa da ƙasa, tsawon mita 60 da faɗin mita 30. Garin ya sha wahala a kwanakin farko na gasar, domin tsarin motocin safa da aka shirya don jigilar 'yan kallo ya rikice, mutane suka yi ta jira cikin tsananin sanyi. Masaukin 'yan wasa kuwa an gina shi ne a ƙauyen Ray Brook da ke kusa, da sharaɗin za a mayar da shi gidan yari na tarayya bayan gasar, kuma hakan aka yi.

Abin da ya ɗaukaka sunan dandalin ya faru ne da yammacin ranar 22 ga Fabrairu, 1980, lokacin da Amurka ta kara da Tarayyar Sobiyet. Sobiyet ta ci zinaren hoki a gasa huɗu a jere, 1964 da 1968 da 1972 da 1976, kuma 'yan wasanta, ko da yake a takarda ana kiran su sojoji ko ma'aikata, sana'arsu ita ce hoki, sun kuma shekara da shekaru suna wasa tare. Tawagar Amurka kuwa yawancinta ɗaliban jami'a ne da ba su wuce shekara 21 ko 22 ba, waɗanda Herb Brooks, mai horar da Jami'ar Minnesota, ya tsinto ya horar da su da tsanani na wasu watanni. Ƙasa da mako biyu kafin wannan rana, Sobiyet ta lallasa su da ci 10 da 3 a wasan share fage a birnin New York. Ga kuma yanayin siyasa: sojojin Sobiyet sun shiga Afganistan a watan Disambar 1979, ana kuma tsare da ma'aikatan ofishin jakadancin Amurka a Tehran.

Sobiyet ce ta fara ci, kuma tana gaba da 2 da 1 har zangon farko ya kusa ƙarewa, sai Mark Johnson ya rama saura daƙiƙa ɗaya. A nan ne mai horar da Sobiyet, Viktor Tikhonov, ya cire Vladislav Tretiak, wanda ake ɗauka ba shi da na biyu a tsaron raga a duniya, ya sa Vladimir Myshkin, shawarar da masana wasan suke ta muhawara a kanta har gobe. Sobiyet ta sake shiga gaba a zango na biyu. A zango na uku Johnson ya ƙara ramawa, sannan kyaftin Mike Eruzione ya jefa ta huɗu saura minti goma daidai. Waɗannan minti goma Amurkawa sun yi su ne suna tare hari, kuma mai tsaron ragarsu Jim Craig ya ƙare wasan da tare faifai 36 daga cikin 39 da aka auno masa, yayin da su kansu sau 16 kawai suka auna ragar Sobiyet. An tashi 4 da 3, kuma tun daga ranar Amurkawa suke kiran wasan abin al'ajabi a kan ƙanƙara.

Akwai abubuwa biyu da mutane suke yawan kuskurewa game da wannan wasa. Na farko, ba shi ne wasan ƙarshe ba. Tsarin gasar na zagaye ne da ake tara maki, kuma sai da Amurka ta doke Finland 4 da 2 a wannan dandali ranar 24 ga Fabrairu, bayan an bar ta a baya, kafin zinaren ya tabbata; Sobiyet ta samu azurfa, Sweden tagulla. Na biyu, yawancin Amurkawa ba su kalle shi kai tsaye ba, domin an fara shi da ƙarfe 5 na yamma, tashar ABC kuma ta naɗe shi ta nuna da dare. An sa wa dandalin sunan Herb Brooks a 2005, lokacin cikar wasan shekara 25, shi kuwa Brooks ya rasu a haɗarin mota a watan Agustan 2003.

Kayayyaki da tsarin ginin

Cibiyar ta ƙunshi filayen ƙanƙara uku a ƙarƙashin rufi: dandalin Herb Brooks, da na Jack Shea, da wani ƙarami da ake kira filin USA wanda aka fi amfani da shi wajen atisaye da wasannin yara. Lunguna da matakala sun haɗa su, ta yadda ɗan wasa zai fita daga wannan ya shiga wancan ba tare da ya taka dusar waje ba. Akwai ɗakunan sauya kaya, da wurin wasa ƙarfen takalma, da zauren taro, da gidan tarihin Olamfik da ke ajiye da riguna da lambobin yabo da tocilan gasannin biyu. A waje kuma, gaban makarantar sakandaren garin, akwai zagayayyen filin tsere mai tsawon mita 400, inda Eric Heiden ya ci zinare biyar a 1980, wato duk tseren maza da aka yi a shekarar.

Ƙanƙarar da ake wasa a kai ba ta da kauri yadda mai kallo zai zata, domin ba ta wuce santimita 3 zuwa 4 ba. A ƙarƙashinta akwai daɓen kankare da aka binne bututu masu yawa a cikinsa, injin sanyaya yana tura wani ruwa da ba ya daskarewa ta cikinsu yana janye zafi daga daɓen. Ma'aikata suna fesa ruwa kaɗan-kaɗan, shimfiɗa bisa shimfiɗa, su shafa farin fenti, su zana jan layi da shuɗaye da da'irori, sannan su rufe su da ƙarin ruwa, don haka layukan da ake gani a cikin ƙanƙarar suke. Tsakanin zango da zango wata mota ta musamman, wadda kowa yake kira Zamboni da sunan wanda ya ƙirƙiro ta, takan shigo ta kankare saman da takalma suka farfasa, ta kwashe garin ƙanƙarar, ta shimfiɗa ruwan ɗumi da yake daskarewa sumul cikin 'yan mintoci. 'Yan hoki sun fi son ƙanƙara mai tauri da sanyi sosai don faifan ya yi gudu, masu zamiyar salo kuwa sun fi son mai ɗan laushi don sauka daga tsalle, saboda haka samun filaye uku yana rage wa masu kula da wurin ciwon kai.

Kulawa da amfani bayan Olamfik

Da gasar 1980 ta ƙare, kwamitin shirya ta ya fita da bashi, kuma a bayyane yake cewa harajin mutum dubu biyu ba zai biya wutar lantarkin injinan sanyaya ba, balle gyara. A 1981 jihar New York ta kafa hukumar raya wuraren Olamfik ta yankin, wadda aka fi sani da ORDA, ta miƙa mata cibiyar tare da dutsen Whiteface, inda ake wasan zamiya a kan dusar ƙanƙara, da hasumiyoyin tsalle da hanyar tseren keken ƙanƙara. Hanyar da hukumar ta bi ita ce kada filayen su zauna babu kowa. An buga wasannin ƙarshe na hokin jami'o'in Amurka a garin a 1970 da 1984 da 1988, an yi gasar duniya ta hokin mata a 1994, kuma ƙungiyar jami'o'in gabashin ƙasar, ECAC, ta riƙa kammala gasarta ta maza a dandalin daga 1993 zuwa 2002, ta sake komowa a 2014. Amma abin da ya fi cika otal-otal da gidajen abinci na garin shi ne gasannin yara da na manya 'yan sha'awa da ake yi a ƙarshen mako, inda iyaye daga Kanada da jihohin maƙwabta suke tuƙo mota na sa'o'i don 'ya'yansu su taka filin da aka doke Sobiyet.

Gabanin gasar jami'o'in duniya ta hunturu da garin ya karɓa a watan Janairun 2023, jihar ta kashe ɗaruruwan miliyoyin dala wajen sabunta wuraren Olamfik na yankin. A dandalin Herb Brooks an sauya injinan sanyaya da kujeru da fitilu, an kuma yi katangar filin ta yadda za a iya matso da ita, a rage faɗin daga mita 30 zuwa kimanin mita 26 da ake amfani da shi a Arewacin Amurka. Wannan kashe kuɗi ya jawo suka daga waɗanda suke ganin hukumar ba ta iya tsayawa da ƙafarta ba tare da tallafin jiha na kowace shekara ba, yayin da masu goyon baya suke nuna ayyukan yi da baƙin da wuraren suke kawo wa yankin da ba shi da manyan masana'antu.