Waiwaye: Yadda takardar canjin wurin aiki ta kai gaban alƙali a Saudiyya

Makonnin nan, duk majalisar da na zauna a Makka, daga Jarwal har Misfala, sai an taɓo maganar ma'aikatan gwamnati da ke kai ƙara don an canza musu wurin aiki. Dattawanmu suna ganin fitsarar 'ya'yan zamani ce. Kawuna, wanda ya yi ritaya daga koyarwa, ya ce min: "Ɗana, wanda ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Mu da aka tura ƙauyukan Jizan, wa muka kai ƙara?" Ina ganin girman wahalar da ya sha, amma wannan ƙofa ba jiya aka buɗe ta ba.

Tun 1955, zamanin Sarki Sa'ud, Diwanul Mazalim ya zama hukuma mai zaman kanta da ke sauraron koke. A 1977 aka fitar da dokar aikin gwamnati. A 1982 Diwan ya zama kotu sosai, aka ba shi ikon duba matakin da wata ma'aikata ta ɗauka idan ba huruminta ba ne, ko ba a bi tsari ba, ko an saɓa doka, ko an yi amfani da iko ba ta hanyarsa ba. Duk wannan sananne ne.

Abin da ba a cika faɗa ba ya zo ne a 2007. Mutane sun fi tuna sabuwar dokar Diwan ta shekarar da sabon tsarin kotuna hawa uku: ta farko, ta ɗaukaka ƙara, da ta ƙoli. Amma a sashe na 13 an ƙara wasu 'yan kalmomi da babu su a jerin 1982: "aibi a cikin sababi", wato matsala a dalilin da aka gina matakin a kansa. A ganina nan ne akalar ta juya.

Ga dalili. Takardar canjin wuri kusan kullum jimla ɗaya take ɗauke da ita, "li maslahatil amal", wato don amfanin aiki. A da, ma'aikaciyar jinyar da za ta ce an zalunce ta da iko, sai ta nuna mugun nufin shugabanta, alhali niyya a zuciya take, ba ta barin sawu. Da aka rubuta maganar sababi baro-baro cikin doka, tambayar ta tashi daga zuciya ta koma fayil. Da gaske akwai ƙarancin ma'aikata a can? Nan da aka ɗauke ta, sun yi yawa ne? Me ya sa takardar ta fito mako guda bayan ta rubuta koke? Waɗannan abubuwa ne da alƙali zai iya nema a kawo masa a rubuce.

Sai a haɗa wannan da dokar ladabtar da ma'aikata ta 1971, wadda wata sabuwa ta maye gurbinta a 2021. Horon da ta lissafa shi ne gargaɗi, zargi, yankan albashi, hana ƙarin albashin shekara, da kora, kuma sai an yi bincike an ji ta bakin mutum. Canjin wuri ba ya ciki. Shi ya sa lauyoyi ke kiran turawar huce haushi "uƙuba muƙanna'a", horo mai lulluɓi: an hukunta ka, amma ba a ba ka damar kare kanka ba. Ga mai tsohuwa a gida da yara a makaranta, tashi daga Jidda zuwa Tabuk ya fi yankan albashin wata ciwo.

Kotu ba ta hana gwamnati juya ma'aikatanta ba, kuma wanda aka ɗauke bisa buƙata ta gaskiya ba shi da abin kamawa. Takardar da ba ta faɗi dalili ba ita ce ke haifar da zargi, ko da niyyar mai sa hannu fara ce. (Baƙi masu iƙama (takardar izinin zama) da ke aiki a kamfanoni kuwa, tasu hanyar daban ce, kotunan ƙwadago da suka fara aiki a 2018.)

Inda mutanenmu ke tuntuɓe shi ne wa'adi. Dokar tsarin shigar da ƙara a Diwan ta 2013 ta ba da kwana 60 daga ranar da mutum ya san da matakin, ya shigar da kokensa a hukumance kafin a je kotu. Na san mutum biyu a unguwarmu da suka ƙarar da kwanakin nan wajen kamun ƙafa da jiran alkawarin manya. Ranar da suka je wurin lauya da fayilolinsu, lokacin ya riga ya wuce.