Beli a shari'o'in cin zarafin 'yan Dalit a Indiya

A Indiya, belin wanda ake tuhuma da kisa, fyaɗe ko ƙona gidajen 'yan Dalit (waɗanda tsarin ajin haihuwa ya ajiye a ƙasan al'umma, har ake ƙyamar taɓa su) da ƙabilun Adibasi ('yan asalin ƙasar) yana da ƙa'idojinsa na daban. Tushensu shi ne dokar hana zaluntar waɗannan al'ummomi, wadda majalisar dokoki ta zartar a 1989, ta fara aiki a 1990.

Asali

Kundin tsarin mulkin 1950, a sashe na 17, ya haramta al'adar ƙyamar taɓa mutum saboda ajin da aka haife shi a ciki. Haramcin bai tsayar da zubar da jini ba. A Disambar 1968, a ƙauyen Kilvenmani na jihar Tamil Nadu, an ƙona mutum 44 a cikin bukka, yawancinsu mata da yara daga iyalan 'yan ƙwadagon gona. A 1985 aka sake kashe 'yan Dalit a Karamchedu, jihar Andhra Pradesh. A irin waɗannan ƙauyuka wanda ake tuhuma sau da yawa shi ne mai gona, shaidu kuma a gonarsa suke neman abinci. In aka sake shi tun kafin bincike ya kankama, bakin shaida kan mutu.

Belin riga-kafi

Dokar Indiya ta ba mai tsoron kamu damar neman beli tun ba a kama shi ba. Sashe na 18 na dokar 1989 ya toshe wannan ƙofa, kuma a shari'ar Balothia ta 1995 Kotun Ƙoli ta amince da hakan, bisa hujjar cewa waɗanda ake tuhuma na iya razana masu ƙara.

A ranar 20 ga Maris 2018, a shari'ar Subhash Kashinath Mahajan, alƙalai biyu na kotun suka sassauta dokar: a yi binciken share fage kafin a rubuta ƙara, a nemi izini kafin kamu, kuma ana iya ba da belin riga-kafi. Ƙungiyoyin Dalit suka kira yajin aikin gama-gari a ranar 2 ga Afrilu, inda aka rasa rayuka, kusan goma ko fiye. A watan Agusta majalisa ta ƙara sashe na 18A, ta maido da haramcin. Kotun ta janye umarninta a Oktoban 2019, sannan a Fabrairun 2020, a shari'ar Prathvi Raj Chauhan, ta tabbatar da gyaran. Sai dai ta bar kafa ɗaya: idan takardar ƙara ba ta nuna laifin da dokar ta ambata ba ko a zahiri, haramcin ba ya aiki.

Beli bayan kamu

Wannan ba a hana shi ba. Kotun musamman da ke sauraron shari'o'in wannan doka tana duba girman laifin, ƙarfin hujja, yiwuwar gudu ko tsoratar da shaidu, da daɗewar mutum a tsare.

Gyaran da aka yi wa dokar a 2015 ya kawo abin da ya fi muhimmanci ga talakan ƙauye. Sashe na 15A ya wajabta a sanar da wanda aka zalunta, ko iyalinsa, duk zaman da za a yi kan beli, kuma a saurare su. A 2021, a shari'ar Hariram Bhambhi, Kotun Ƙoli ta soke belin da Babbar Kotun Rajasthan ta ba wanda ake tuhuma da kisa, domin ba a sanar da dangin mamacin ba. Ƙarƙashin sashe na 14A, ana ɗaukaka ƙara kan hukuncin beli zuwa Babbar Kotun jiha cikin kwana 90.

Saɓani

Masu suka na cewa ana amfani da dokar wajen ƙarar ƙarya. Masu kare ta na danganta yawan sallamar waɗanda ake tuhuma da raunin binciken 'yan sanda da janyewar shaidu.