Hawan Jinin Da Ya Ƙi Jin Magani: Ko Laifin 'Yar Hular Ƙoda Ne?

Wani malamin makaranta daga Daura, ɗan shekara 37, ya kawo kukansa. Shekara huɗu ke nan da aka ce yana da hawan jini. Magani kala uku yake sha kullum, ya rage gishiri har uwargida ta fara ƙorafin miyarta ta koma lami, amma duk ranar da aka ɗaura masa abin awo sai a ga 170 bisa 105. A gida ana cewa tunani ne ya yi masa yawa, a kemis ana cewa wasa yake yi da magani. Ga kasala a ƙafafu, ga tashi fitsari sau uku ko huɗu kafin asuba. Tambayoyinsa ne a ƙasa, haɗe da wasu da masu irin matsalarsa kan yi.

Ashe hawan jini ba iri ɗaya ba ne?

Ba ɗaya ba ne, Malam. A wurin yawancin mutane ba a iya nuna dalili guda a ce ga shi: gado ne da shekaru da ƙiba da gishiri suke taruwa. Amma akwai waɗanda nasu yana da tushe takamaimai, kamar ciwon ƙoda, ko ɗaukewar numfashi a cikin barci, ko wannan da za mu yi magana a kai. Idan mutum na shan magani uku yadda aka tsara masa, ɗaya daga ciki mai sa fitsari, amma awonsa bai sauko ƙasa da 140 bisa 90 ba, to lokacin neman tushe ya yi. A ganina an cika saurin ɗora wa irin waɗannan mutane laifi tun ba a bincika ba.

Mece ce 'yar hular ƙoda?

Likitoci na kiran ta adirenal. Wata 'yar tsoka ce da ke zaune a saman kowace ƙoda kamar hula a kai, ɗaya dama ɗaya hagu, kowace nauyinta wajen giram 4 zuwa 5. Ƙarama ce, amma sinadaran da take zubawa cikin jini manya ne. Ɓangarenta na waje yana yin aldosteron da kotisol, na ciki kuma yana yin adirenalin, wanda ke sa gaban mutum ya faɗi in ya taka maciji. Kowanne cikin ukun in ya yi yawa, jini zai hau. Wanda ya fi jawo wannan matsala, nesa ba kusa ba, shi ne aldosteron.

To ta yaya aldosteron ke hawar da jini?

Aikinsa shi ne ya umarci ƙoda ta riƙe gishiri, wato sodiyam, ta zubar da fotasiyam, wani sinadarin da tsoka da zuciya ke buƙata, a fitsari. Duk inda gishiri ya zauna, ruwa zai bi shi. Wannan rahama ce ga wanda ya yini a gona cikin zafin bazara yana zufa, domin da shi jiki ke tattalin ɗan ruwan da ya rage.

A mai lafiya, aldosteron yaron gida ne, ba ya motsi sai da izini. Ubangidansa wani sinadari ne mai suna renin, wanda ƙoda ke saki in ta ji ruwa ya yi ƙasa. In ruwa ya wadata, renin ya yi shiru, aldosteron ma ya koma ya zauna. A cutar da muke magana a kai, wato yawan aldosteron, yaron ne ya daina jin magana. Ubangida ya yi shiru tuntuni, shi kuwa yana ta ɗibar gishiri da ruwa yana tarawa, hanyoyin jini suka cika suka yi tauri. Abu biyu ke jawo haka. Ko dai wani ɗan ƙari ya fito a adirenal ɗaya, wanda kusan kullum ba na daji ba ne, sau da yawa bai fi gyaɗa ko ɗan goro girma ba. Ko kuma duka biyun su riƙa aiki fiye da kima, kuma wannan ya fi yawa.

Ni ban taɓa jin wannan cuta ba. Ba ta Turawa ba ce?

A'a. Wani likitan Amurka mai suna Jerome Conn, na Jami'ar Mishigan, shi ya bayyana ta a 1955 bayan ya duba wata mata 'yar shekara 34 da aka cire wa ƙari a adirenal ta warke, shi ya sa ake kiran ta da sunansa. An daɗe ana ɗaukar ta a matsayin abin da ba kasafai ake gani ba, saboda sai wanda fotasiyam ɗinsa ya faɗi ake gwadawa. Da aka faɗaɗa gwaji sai lissafi ya sauya: tsakanin 5 zuwa 10 cikin 100 na masu hawan jini suna da ita, a cikin waɗanda nasu ya ƙi jin magani kuwa takan kai kusan 1 cikin 5. Ka tuna yawan mutanen da ke layin ganin likita ranar asibitin masu hawan jini a Katsina, ka yi lissafin da kanka. Rashin jin sunanta na nuna ƙarancin gwaji ne kawai, har a ƙasashen da suka fi mu kayan aiki.

Wa ya kamata ya nemi a gwada shi?

Na farko irinka, Malam, mai magani uku ko huɗu. Sai wanda hawan jini ya kama tun yana matashi, da wanda awonsa ke wuce 150 bisa 100 a kai a kai, da wanda aka ga ƙari a adirenal ɗinsa lokacin da ake ɗaukar hoton wani abu daban. Haka wanda a gidansu akwai mai wannan cuta, ko a gidansu akwai wanda ɓarin jikinsa ya shanye kafin ya kai shekara 40.

Babbar alama ita ce ƙarancin fotasiyam, wato ƙasa da 3.5 a takardar gwajin ƙoda. Shi ke kawo kasala, da ɗaurewar jijiya, da ƙishirwa, da yawan fitsarin dare. Wani sai an ba shi maganin sa fitsari sannan fotasiyam ɗin ya zube, asirin ya tonu. Sai dai a kula: fiye da rabin masu cutar fotasiyam ɗinsu lafiya lau yake. Takarda mai kyau ba ta wanke mutum ba.

In dai jinin zai sauka da ƙarin magani, me ya sa sai an san dalili?

Domin aldosteron ba hawar da jini kaɗai yake yi ba, yana cin zuciya da ƙoda da hanyoyin jini kai tsaye. Mutum biyu masu awo ɗaya, mai wannan cuta ya fi fuskantar shanyewar ɓarin jiki, da rikicewar bugun zuciya, da gazawarta.

Yaya ake gwajin, kuma a ina?

A fara da mai sauƙi: gwajin ƙoda da ke nuna sodiyam da fotasiyam, wanda ake yi a manyan asibitocin gwamnati irin na Daura da Katsina. Bayansa sai a ɗebi jini da safe a auna aldosteron da renin tare. In yaron yana sama, ubangidan yana ƙasa, zargi ya yi ƙarfi. Wannan ba kowane ɗakin gwaji ke yin sa ba, kuma ya fi na farko tsada, don haka a nemi takardar turawa zuwa asibitin koyarwa, kamar na Tarayya da ke Katsina, ko na Malam Aminu Kano, ko na Shika. Wasu magungunan hawan jini kan ɓata sakamakon, likita ne zai ce wanne za a canza. Kada mutum ya ajiye maganinsa da kansa wai don zai je gwaji.

In ya tabbata, sai hoton CT, wato hoton cikin jiki da na'ura ke ɗauka, don a duba adirenal ɗin. Shi ma yakan ruɗar, domin manya da yawa na da ɗan ƙullutu a adirenal wanda ba ya yin komai. Hanyar da ta fi raba gardama ita ce a zura siririn bututu a ɗebi jini daga jijiyar kowace adirenal a gwada, aikin da ƙwararru ƙalilan ke yi.

Ana warkewa?

In ɓangare ɗaya ne, ana cire shi da tiyatar 'yan ƙananan huji, ɗayar ta ɗauki aikin. Fotasiyam na daidaita a kusan kowa. Wajen mutum ɗaya cikin uku kan rabu da maganin hawan jini ɗungurungum, da yawa daga sauran kuma a rage musu. Matasa da mata da waɗanda cutar ba ta daɗe a jikinsu ba sun fi dacewa.

In duka biyun ne, ko tiyata ba ta samu ba, akwai ƙwaya mai toshe wa aldosteron hanya, a kwali an rubuta spironolactone. Tsohon magani ne, ana samun sa a nan. Amma ba na saye a kemis a sha da ka ba ne: yakan hawar da fotasiyam har ya taɓa zuciya, musamman ga mai raunin ƙoda, shi ya sa ake bin sa da gwajin jini. Wasu maza ƙirjinsu kan kumbura ya yi zafi, wasu mata al'adarsu ta rikice, kuma ba a son mai ciki ta sha. In ya dami mutum akan koma ga ɗan'uwansa eplerenone.

Sauran sinadaran biyu fa?

Ƙarin da ke zubo adirenalin ba shi da yawa, bai kai 1 cikin 100 na masu hawan jini ba. Yakan zo ne kamar farmaki: ciwon kai mai tsanani, zufa sharkaf, zuciya na dukan uku-uku, fuska ta yi fari, can kuma ya lafa. Ba mamaki a ce iska ce a nufi wurin ruƙiyya. Ana gano shi da gwajin jini ko fitsarin awa 24, a cire shi bayan an shirya jiki da magani na musamman.

Yawan kotisol kuwa shi ne ciwon Cushing: fuska ta zagaye, ciki ya yi tulu, hannu da ƙafa su sirance, fata ta tsage da jajayen layuka, sukari ya biyo baya. A nan dole in ɗan kauce. Mafi yawan masu wannan kama ba adirenal ɗinsu ce ta yi laifi ba, daga waje suka shigo da abin: ƙwayoyin ƙiba irin su sha-ka-fashe masu ɗauke da dexamethasone (magani ne mai aiki irin na kotisol), da wasu mayukan bilicin, da ƙwayar ciwon gaɓoɓi da ake sha wata da watanni ba da sanin likita ba. Wadda ta daɗe a kansu kada ta yanke rana ɗaya, domin adirenal ɗinta ta yi barci, sai an rage a hankali.

An ce in sha kunun kanwa don fotasiyam ya ƙaru. Gaskiya ne?

Kar ka soma, Malam. Sunan da ake kiran kanwa da shi a Turancin Najeriya, wato potash, shi ke sa a ɗauka fotasiyam ce, alhali mafi yawanta sodiyam ne, wato abin da jikinka ya riga ya tara ya yi yawa. Tun shekarun 1970 likitoci a Zariya suka danganta yawan shan kunun kanwa lokacin jego da kumburin zuciya a masu haihuwa. Dunƙulen miya ma gishiri ne, don haka wanda ya rage gishiri ya ƙara dunƙule bai rage komai ba. Fotasiyam na cikin wake da ayaba da dankali da alayyahu da dabino, amma su kaɗai ba za su cike abin da ƙoda ke zubarwa ba muddin aldosteron na sama. Ranar da za ka koma asibiti, ka tafi da kwalayen magungunanka duka, da awon da ka rubuta na mako biyu, safe da yamma, ka ce a duba maka fotasiyam.