Ba ki je kotu ranar zaman ɗaukaka ƙara ba? Ƙofa ba ta rufe ba tukuna

Akwai maganar da ke yawo a Bauchi, musamman tsakanin mata masu shari'ar saki, riƙon 'ya'ya ko gado: wai duk wanda ya ɗaukaka ƙara bai je ranar zama ba, abokin shari'arsa ya ci har abada. Da ƙamshin gaskiya a ciki, amma an yi mata ƙari.

Shari'un aure, riƙon yara, gado, wasiyya da kyauta, sashe na 277 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ikon sauraronsu, kuma alƙalai aƙalla 3 ke zama.

Idan mai ɗaukaka ƙara bai zo ba, bai turo lauya ko wakili ba, kotu na iya cire ƙararsa daga jerin shari'unta. Wannan ba hukunci ba ne a kan wa ke da gaskiya, domin ba a saurari hujjar kowa ba. Abin da ke faruwa shi ne hukuncin kotun da aka ɗaukaka ƙara daga gare ta ya ci gaba da aiki. Nan ne zafin yake. In an ba uba riƙon yaro, yaro na hannunsa. In an raba gida, rabon na nan daram.

Sai dai ana iya roƙon kotu ta dawo da ƙarar. A rubuta buƙata, a faɗi dalili, a haɗa da shaida: katin asibiti, takardar haihuwa, ko bayanin rasuwar da aka yi. Yarda ko ƙi na hannun alƙalai, kuma suna duba ko an gaggauta. Wanda ya kwashe watanni shiru ya wahalar da kansa.

Tambayar farko da za ki yi wa rajistara, wato magatakardan kotu, ita ce: an kai mini sammacin ranar zama? Ina shaidar isar da shi? Sashe na 36 na kundin tsarin mulkin ya ba kowa haƙƙin a saurare shi, kuma Kotun Ƙoli ta sha rushe shari'un da aka yi ba tare da an sanar da wanda ya kamata ba.

In kuma wanda aka yi ƙara ne ya ƙi zuwa bayan sammaci ya same shi, ana iya ci gaba ba shi. Duk da haka sai mai ƙara ya gamsar da kotu.

Dokar cire ƙarar wanda bai zo ba na da hujja, don akwai mazan da ke ɗaukaka ƙara su ɓace, su bar mace tana jira, ba ta san matsayinta ba. Amma matar da za ta taso daga ƙauyen Ningi da goyo, ta ranci kuɗin mota, ta iso an riga an kira sunanta, bai kamata a auna ta da mudu ɗaya da irin waɗannan ba. Ita ya dace a yi wa bayani a bakin ofishin rajista tun ranar, kafin ta juya gida.