Shin wanda ya shiga asibitin masu taɓin hankali ba ya fitowa?

Tun muna yara muke jin cewa duk wanda aka kai asibitin masu taɓin hankali ya shiga ke nan. Maganar tana da asali, domin a da wuraren nan na tsarewa ne, magani kaɗan. A 1955 asibitocin jihohin Amurka na ɗauke da mutum sama da 550,000, wasu furfura ta riske su a ciki.

Amma tuni al'amarin ya sauya. A 1952 aka fara amfani da maganin chlorpromazine a Faransa, wanda ke kwantar da ruɗani da jin muryoyin da babu su, sai aka soma sallamar marasa lafiya. A Najeriya ma, a 1954 aka fara wani tsari a Aro kusa da Abeokuta; a lokacin mara lafiya yakan kwana a gidan mutanen ƙauye tare da ɗan'uwansa, da safe ya je karɓar magani. Wannan ya fi burge ni.

Kana iya tabbatarwa da kanka. Leƙa irin wannan asibiti ranar ganin likita, za ka tarar da mutane a benci riƙe da katinsu, su karɓi magani su hau Keke Napep su koma gida. Tambayi ma'aikacin jinya nawa ne ake kwantarwa, kuma na tsawon wane lokaci.

Don Allah a tura wa 'yan'uwa wannan bayani.